Wasiƙa Zuwa Ga Gidan Wasan Da Aka Hana Sunan Binodini

Zuwa ga B. Theatre, lamba 68, Titin Beadon, Kalkata.

Ina rubuto maka ne da sunan da aka yi alkawarin raɗa maka, ko da yake ba ka taɓa amsa shi ba ko na yini ɗaya. Ranar 21 ga Yuli, 1883, da aka buɗe ƙofofinka, Star aka rubuta maka a goshi, da shi kuma ka shiga tarihin wasan kwaikwayon Bengal. Amma tun magina ba su ɗora maka rufi ba, duk mai shiga da fita a filin nan ya san cewa harafin B na Binodini Dasi ne, yarinya 'yar shekara 20 wadda ba don ita ba da ko tubali ɗaya ba a aza maka ba.

Kai ka san ta ne bayan ta yi suna. Bari in ba ka labarin abin da ya gabace ka. An haife ta a 1863 a wani gida na Titin Cornwallis, cikin unguwar da mutanen Kalkata masu ji da kansu ke kira ta matan banza. Talauci ya yi wa gidan katutu, har ƙaninta ya rasu yana yaro a asibitin masu neman taimako. Wata mawaƙiya, Ganga Baiji, da ke haya a gidansu ita ta fara koya mata waƙa, daga nan aka kai ta gidan wasan Great National a 1874 a kan albashin rupi 10 a wata, ba ta wuce shekara 12 ba. Shekara ɗaya kacal kafin haka mata suka fara hawa dandamali a gidajen wasan da jama'a ke biya su shiga. Da can maza ke ɗaura sari su fito a matsayin mata. Marubuci Michael Madhusudan Dutt ne ya dage cewa mace ce za ta fito a mace, sai gidan wasan Bengal ya ɗauko mata huɗu a 1873. Ba wani mai mutunci da zai ba da 'yarsa, don haka daga unguwannin da aka raina aka samo su. Ishwar Chandra Vidyasagar, wanda ya yi gwagwarmaya har doka ta halatta wa matan da mazansu suka mutu su sake aure, janye hannunsa ya yi daga gidan wasan saboda wannan mataki. To idan mai tausayin mata irinsa bai iya haɗiye abin ba, sai ka auna yadda sauran gari suka ɗauke shi.

Cikin wannan hali ta tashi, kuma ta ga duniya da wuri. A 1875 ƙungiyarsu ta yi rangadi zuwa Delhi da Lahor da Lakno. A Lakno suka nuna Nil Darpan, wasan Dinabandhu Mitra kan zaluncin Turawan da ke tilasta wa manoma shuka baba don rini. Da aka zo wurin da Bature ke neman keta haddin matar manomi, wani ƙaƙƙarfan manomi ya faɗo ɗakin ya lakaɗa masa duka, sai Turawan da ke cikin 'yan kallo suka harzuƙa, wasu suka yi kan dandamali, aka tsayar da wasa, 'yan wasa suka tattara ya-nasu-ya-nasu suka bar gari. A shekarar da ta biyo baya gwamnatin mulkin mallaka ta kafa dokar tace wasannin kwaikwayo. Yarinyar da ta ga wannan da idonta ba ta sake ɗaukar dandamali a matsayin wurin raha kawai ba.

Daga 1877 ta shiga hannun Girish Chandra Ghosh, wanda har ta mutu tana kiransa malaminta. Shi ya riƙa zaunar da ita yana ba ta labarin Shakespeare da na 'yan wasan Ingila irin su Sarah Siddons, yana koya mata ta zauna da halin wanda za ta fito a matsayinsa har ya shige ta. Takan je kallon Turawan da ke kawo wasa Kalkata, ta dawo ya tambaye ta abin da ta lura da shi. Ta ƙware a kwalliya da shirya sutura har abokan aiki na koyo a wurinta. A wasan Meghnad Badh ita kaɗai ta fito a matsayin mutum aƙalla 6. Bankim Chandra Chattopadhyay, babban marubucin ƙagaggun labaran Bengal na zamanin, ya zo ya kalle ta a matsayin Manorama, yarinyar da shi ya ƙirƙiro a littafinsa Mrinalini, ya yaba mata. Duk wannan ya faru ba ta kai 20 ba.

Yanzu na zo kan haihuwarka, kuma ba zan yi sauri a nan ba.

Gidan wasan National, inda suke aiki, mallakar wani ɗan kasuwa ne mai suna Pratap Chand Johuri, mutum mai ƙwauron biya. Rai ya ɓaci tsakaninsa da 'yan wasa, Binodini ma ta tafi hutun jinya ta dawo ya nemi hana ta kuɗin kwanakin. Kowa na mafarkin su sami gida nasu na kansu. Ana haka sai ga wani matashin attajiri, Gurmukh Rai, ya ce zai gina musu gidan wasa, bisa sharaɗi guda: Binodini ta zama dadironsa. A lokacin tana hannun wani saurayi ɗan masu ƙasa, wanda take so, ko da yake ya riga ya ci amanarta, ya je garinsu ya yi aure a ɓoye. Abokan aikinta, har da Girish, suka yi mata caa da roƙo. Suka ce gidan wasa na hannunta, makomar sana'ar na hannunta, kuma in ta yarda, sunanta za a sa wa ginin, ya wanzu bayan ta mutu. Ta yarda. Da tsohon saurayin ya ji, ya faɗo mata ɗaki da asuba, ya yi tayin kuɗi ta ƙi, ya zare takobi ya kai mata sara. Ta goce, takobin ya nutse a murfin harmoniyar da take waƙa da ita.

Akwai abu ɗaya da nake so ka riƙe, domin shi ne ke rufe bakin duk mai cewa kwaɗayi ya kai ta. Gurmukh Rai da kansa ya zo ya ce mata a bar maganar gini, ga rupi 50,000 ta karɓa ta rabu da wasa ta zauna da shi. Mai albashin da ya fara daga rupi 10, wannan kuɗi ne da zai ishe ta ita da mahaifiyarta har ƙarshen rayuwa. Ta ce a'a, gidan wasa take so. Kai ta zaɓa.

Ba ta kuma tsaya ga sadaukar da kanta ba. Ta ba da labari a littafinta cewa in an tashi daga gwajin wasa da rana, sai ta wuce filin gini. Sauran su koma gida, ita ta zauna har dare ya raba. Takan ɗauki kwando ta cika da ƙasa ta ɗora a ka, ta je ta zuba inda za a jera kujerun 'yan kallo, ta dawo ta sake cikawa. Don leburori su ƙara himma, ta sa musu wuri 4 a kan kowane kwando, irin wurin nan da kakanninmu ma suka yi ciniki da shi a kasuwar Kurmi. Ka duba wannan da kyau: fitacciyar 'yar wasan babban birnin Indiyar Ingilishi, ƙura ta buɗe mata gashi, tana ƙirga wuri a tafin lebura cikin dare, don ginin ya yi sauri. Mutanen da suka zo daga baya suka zauna a kujerun nan suna tafi, a kan ƙasar da ta ɗauko suke zaune.

Da gini ya kammala, maza suka tafi yin rajista. Tana zaune tana jiran su, zuciyarta na bugawa. Suka dawo, ta tambaya, Dasucharan Neogi ya gaya mata da fara'arsa cewa Star aka sa. Ta ce ƙafafunta suka kasa ɗaukarta, ta zauna, ta yi shiru na ɗan lokaci, sannan ta ce ya yi kyau. Dalilin da aka bayar bai ɓuya ba: wai in aka sa wa gida sunan mace irinta, masu mutunci ba za su shigo ba.

Wannan dalili ne na kasa haɗiyewa. Masu mutuncin nan su ne ke cika gidan wasa kowane dare don su kalle ta. Sun san unguwar da ta fito, sun san wanda ya biya kuɗin gininka da abin da ya karɓa a madadinsa. Babu abin da aka ɓoye musu. Abin da aka ƙi shi ne a rubuta a bango, inda kowa zai karanta, cewa ita ma mai gida ce. Kuma ba Turawa ne suka yi mata haka ba, ba malaman addinin da ke tsine wa gidajen wasa ba. Mutanen da ta ci abinci kwano ɗaya da su ne, waɗanda take ɗauka 'yan'uwa. Sun yarda ta biya farashin da ba wanda zai iya biya a cikinsu, sannan suka mai da wannan farashin hujjar hana ta abin da suka alkawarta. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

A daren buɗe ka aka nuna Daksha Yajna, wasan Girish, ita ce ta fito a matsayin Sati, matar da ta ba da ranta saboda an wulaƙanta mijinta a gaban taro. Ba ta yi yaji ba, ba ta ƙi fitowa ba. Ta hau ta yi aikinta.

Suna ne kawai mutane suka fi tunawa, amma an yi mata yaudara ta biyu, wadda a ganina ta fi ta farko muni. Kafin shekarar ta ƙare, dangin Gurmukh Rai suka matsa masa ya rabu da harkar wasa da ita Binodini. Da zai tafi, ya so ta sami kaso a mallakar gidan. Girish ya je ya shawo kan mahaifiyarta cewa ɗawainiyar mallaka ba ta mata ba ce, su bar wa maza. Aka sayar da kai a kan rupi 11,000 ga mutum huɗu: Amritalal Basu, Amritalal Mitra, Hariprasad Basu da Dasucharan Neogi. Lokacin ya dace da babban baje kolin ƙasa da ƙasa da aka yi a Kalkata daga ƙarshen 1883, gari ya cika da baƙi, kujerunka ba sa kwana babu kowa. Wadda ta kawo ka duniya ta ci gaba da zama ma'aikaciya a cikinka, tana karɓar albashi daga hannun waɗanda ta yi wa hanya.

Duk da haka a kanka ta yi aikin da ya fi kowanne a rayuwarta. A watan Agusta na 1884 aka fara Chaitanya Lila, labarin Chaitanya, waliyyin Hindu da aka haifa a Nabadwip a 1486, wanda mutanen Bengal ke girmamawa ƙwarai. Mace aka ba matsayin, macen kuma ita ce. Wata guda kafin a fara, kullum sai ta yi wanka a kogin Ganga, ta taƙaita abincinta irin na masu ibada, tana tsoron kada ta gaza. Akwai daren da ta suma a kan dandamali tsabar shiga halin. 'Yan kallo suka riƙa kuka, wasu na neman taɓa ƙafarta. A watan Satumba Ramakrishna, mai hidimar haikalin Dakshineswar wanda manyan gari ke zuwa neman albarkarsa, ya zo ya kalli wasan, bayan an tashi ya ɗora hannu a kanta ya sa mata albarka. A shekarar da ta biyo baya, yana kwance da ciwon maƙogwaro almajiransa na hana shiga, sai da ta yi shigar maza irin ta Turawa kafin ta samu ta gaishe shi. Garin da ya yi kuka ganinta a matsayin waliyyi bai buɗe mata ƙofa a matsayin Binodini ba.

Ina karanta wannan ina tuna namu. Mu ma muna da matan da muke kwana muna kallonsu a fim, mun haddace muryoyinsu, amma in ɗanmu ya ce ga wadda yake so a cikinsu sai gida ya kama da wuta. Ban ce hali ɗaya ba ne, zamani da addini da al'ada sun bambanta. Sai dai ban iya karanta labarinta in ga kamar laifin wasu can nesa ne kaɗai ba.

A farkon 1887 ta sauka daga dandamali ba ta sake hawa ba. Shekarunta ba su wuce 24 ba. Cikin shekara 12 ta fito a matsayi kusan 80 a wasanni wajen 50. Ta nuna a rubutunta cewa yaudara da wulaƙancin abokan aiki ne suka kai ta bango. Ta koma zama da wani mai hali wanda ya riƙe ta shekaru masu yawa, ta haifi 'ya mace, Shakuntala, yarinyar ta rasu tana da shekara 13.

A nan ne ta ɗauki alƙalami, kuma saboda alƙalamin nan ne ma na san da kai. Ta fitar da littattafan waƙoƙi biyu, Basana a 1896 da Kanak o Nalini a 1905. A 1910 mujallar Natya-mandir ta fara buga labarin rayuwarta kashi-kashi, a 1912 ya fito a littafi mai suna Amar Katha. Ta fara shi ne da wasiƙu zuwa ga Girish, wanda shi ya ce ta rubuta. Tana girmama shi a kowane shafi, tana kiran kanta ƙasƙantacciya kamar yadda zamanin ya koya mata, amma ba ta bar ko ɗaya daga abubuwan da na lissafa maka ba: sharaɗin Gurmukh, kwandon ƙasa, ranar rajista, maganar kaso. Girish ya rubuta mata gabatarwa, a ciki ya nuna bai ji daɗin ɗacin da ke cikin littafin ba. Ya rasu a watan Fabrairun 1912. Mutumin da ya koya mata yadda ake nuna baƙin cikin wasu a dandamali bai so ta nuna nata a takarda ba, ita kuwa ta nuna. Ta yi tambayar da har yau ba a amsa ba, cewa in an kira mace lalatacciya, su waye mazan da suka lalata ta, kuma me ya sa su ake ba su kujerar gaba a taro. Tsakanin 1924 da 1925 mujallar Roop o Rang ta buga wani sabon rubutunta, Amar Abhinetri Jiban, inda ta fi mai da hankali kan sana'ar kanta da mutanen da ta yi aiki da su. Bai kai ƙarshe ba ya tsaya. Ta rasu a watan Fabrairun 1941.

Kai kuma fa? A 1887, shekarar da ta tafi, wani attajiri mai suna Gopal Lal Seal ya saye gininka ya mai da shi Emerald. Masu kaso huɗun nan suka sallama tubali da katako, amma suka riƙe abu ɗaya ba su sayar ba: sunan Star. Da shi suka je unguwar Hatibagan suka gina sabon gida, suka buɗe a 1888. Ashe sun san suna dukiya ne, ana iya ɗaukarsa a ƙaura da shi, a ci abinci da shi shekara da shekaru. Da B. Theatre aka rubuta a takardar rajista, da duk inda suka ƙaura sai sun tafi da ita, da kuma ya yi wuya a ce ba ta da kaso a gidan da ke amsa sunanta. Shi ya sa ban yarda cewa tsoron 'yan kallo kaɗai ya sa suka sauya ba. Gininka ya ci gaba da sauya hannu da suna, har aka rushe shi a 1931 don a fitar da babban titi.

A ƙarshen Disambar 2024, babbar ministar Bengal ta Yamma, Mamata Banerjee, ta ba da sanarwar cewa Star na Hatibagan zai koma Binodini Theatre, shekara 141 bayan ranar rajista. Na ji daɗi, ba zan ɓoye ba, kuma ya fi a ce ba a yi ba. Yara za su wuce su tambayi wace ce, wani zai ba su amsa. Amma wancan gini ba kai ba ne. Ba ta taɓa yin wasa a dandamalinsa ba, ba ta ɗauki ƙasarsa a ka ba, shi kansa ya ƙone a 1991 aka sake gina shi. Suna ana iya mayarwa ko bayan ƙarni. Abin da ya tafi tare da kai wanda ba mai mayarwa shi ne aikin da ba ta yi ba.

Tsakanin saukarta da mutuwarta shekara 54 ne. 'Yar wasa a shekara 24 yanzu ta fara nuna, muryarta ba ta gama zama ba, ba ta kai ga matsayin uwa ko sarauniya ko tsohuwa da ke buƙatar wanda rayuwa ta gasa ba. Da tana da kaso a cikinka, da tana da bakin magana kan wasan da za a nuna da wanda za a ɗauka, da ta horar da 'yan mata masu tasowa a kan abin da ta sani na kwalliya da murya da tsayuwa. A watan Janairun 1893, a kan wannan Titin Beadon ɗin dai, aka buɗe gidan wasan Minerva da Macbeth, fassarar Girish da kansa. Matsayin matar Macbeth shi ne wanda Sarah Siddons ta yi suna da shi a Ingila, matar da Girish ya sha ba Binodini labarinta tana ƙarama. Tinkari Dasi aka ba, ta kuma yi ƙoƙari har aka yaba mata. Binodini na da shekara 30 a lokacin, tana cikin garin, ba ta manta komai daga abin da aka koya mata ba.